Safiyar da Tela Ya Ajiye a Tulu

"Ni dai ki fito min da shi! Ba dogon zance na zo ji ba, tuluna nake so!"

"Na ce maka da hantsi yana nan, da idona na gan shi. Ko so kake in tsaga cikina ka leƙa?"

"In nan kika sa shi, tsaga!"

Haka na tarar da Tela da Maginiya a ƙofar ɗakin ajiya, shi da almakashi a hannu ya manta bai ajiye ba, ita da laka har gwiwar hannu. Ni kuwa tsintsiyata ce ta kawo ni wurin. Tsintsiyar nan tana da wani hali, duk inda murya ta ɗaga nan take ganin datti.

A gidanmu na haya Maginiya ce mai gina tulunan ajiye lokaci, kuma ita ke tsaronsu. In wata safiya ko wani yammaci ya yi maka daɗi, ba ka so ya wuce, sai ka rufe tagogi ka ruga ka kira ta kafin rana ta faɗi. Za ta zo da tulu da mafici, ta kaɗa sauran lokacin da ya maƙale a ɗakin ya shiga tulu, ta toshe bakin da kakin zuma. Duk ranar da ka buɗe ka shaƙa, sai ka koma cikin safiyar nan, ka ga kowa, ka ji kowa. Amma abin ba ya son zafi, kuma in ya fita ya fita ke nan. Shi ya sa kowa ke barin nasa a ɗakinta mai sanyi, jere a kan katako.

Tulun Tela ya fi shekara ashirin a wurin. Matarsa ta rasu tun 'yarsu tana ƙarama, kuma duk gidan mun san matar tana cikin tulun nan. Bai taɓa buɗewa ba, bai taɓa faɗa wa kowa wace safiya ce ba. Mu dai mun yanke cewa ta farkon aurensu ce, irin wadda ba a ba da labarinta. Yakan shiga ya goge masa ƙura da gefen rigarsa ya fito. Ranar nan da rana ta karya ya shiga, sai ya tarar da da'irar gindin tulu a kan katako, babu tulu.

"Sayar da shi kika yi," in ji Tela. "Na san akwai tsofaffin masu hali da ke sayen safiyar mutane."

"Wa zai sayi safiyarka, kai da ko gaisuwa sai an roƙe ka?"

Ana cikin haka sai ga Mai Aski ya fito daga shagonsa da hula ya ja ta har kunne, a wannan zafin. Ya ce a bar hayaniya a kira mai bin sawu. Na buɗe baki zan ce da gaskiyarsa, sai na ji harshena ya bugi wani abu a gaban bakina, a wurin da na saba jin giɓi. Na yi maza na rufe bakin.

*

Mai bin sawun nan Sunkuye ake ce masa, don babu wanda ya san kalar idonsa. Kansa kullum a ƙasa yake, ko gaishe ka zai yi, ƙafarka yake gaisarwa. Ya shigo ya tsaya a tsakar gida, ya dubi ƙasa, ya daɗe yana dubawa.

"Wa ya yi shara?"

Kowa ya juyo ya kalle ni.

Na ce ta gefen baki, "Ɗana, tsafta laifi ce?"

"Iya, kin share min rabin ɓarawo."

Allah ya taimake ni ban kai ga lungun ɗakin ajiya ba. Can ya durƙusa, ya nuna mana sawun mutum babba, ba takalmi, ya shiga ya fito. Muka bi shi a baya kamar kaji. Sawun ya bi gefen bango, ya wuce ta ƙofar shagon Mai Aski, ya wuce ta inda nake shimfiɗa tabarmata da tsakar rana. Daga nan sai Sunkuye ya tsaya, ya koma baya, ya dawo, ya sake komawa.

"Lafiya?" in ji Maginiya.

"Sawun ƙanƙancewa yake."

Muka leƙa. Wallahi haka ne. Kowane taku ya fi na bayansa ƙanƙanta, har ya zama ɗan sawu kamar na yaron da ya fara tatata, yatsu ƙanana kamar ƙwayar wake, yana karkata hagu yana karkata dama. Ya shiga tsohon ɗakin kusurwa inda muke tara gawayi, ya yi ta zagaye a ciki. A wajen fitowa kuma babu ƙafa sam, sai tafin hannu, manya, da alamar an ja wani abu a ƙasa. Daga nan sai wurin da tsintsiyata ta bi.

"Yaro aka aiko," in ji Mai Aski.

"Yaro mai tafin hannu kamar faranti?" in ji Maginiya.

"To babba ne ya shiga, ya haifi yaro a hanya."

"A gidan nan ko kyanwa ba ta da ɗa," na ce, na manta da bakina. Sunkuye bai ɗago ba, amma na ga kunnensa ya motsa.

Ya tsinci wani abu a ƙasa ya murza a yatsa, ya miƙa wa Maginiya. Ta duba ta dafa kai.

"Kaki ne. Narkewa yake. Wayyo, wane mahaukaci ne ya ɗauke shi haka?"

Ta yi masa bayani. Tulun lokaci ba a ɗaukarsa da hannu. A kwando ake sa shi, a lulluɓe da jiƙaƙƙen tsumma, a riƙe nesa da jiki, don ɗumin jikin mutum kaɗai ya isa ya narkar da kakin. Ko ɓarawon da ya fara sana'a jiya ya san wannan. Kuma turirin tsohuwar safiya nauyi gare shi, ba ya tashi sama, ƙasa yake bi kamar ruwa. Duk abin da ya taɓa sai ya koma yadda yake a safiyar da aka ɗebo, ya ɗan jima a haka, sannan ya sake shi.

"Ke nan yoyo yake," in ji Tela, muryarsa ta sauka. "Yanzu haka da muke tsaye, ƙarewa yake."



*

Sunkuye ya fara da Mai Aski, a cikin shagonsa. Ni ina share ƙofar shagon, don gashi ya taru sosai a wurin.

"Cire hular."

"Mura nake yi."

"Cire."

Ya cire. Jama'a, mutumin da kansa ke ƙyalli har ƙuda na zamewa a kai, sai ga gashi baƙi wuluk, cunkus, da ɗan fili a tsakiya kamar an ɗora kwabo. Na saki tsintsiya.

"Rantsuwa zan yi ban taɓa tulun nan ba! Barci nake a ƙasa a bakin shago, na tashi na shafa kaina na ji kamar wani ne ya kwanta a wurina. Na duba madubi na gaishe da shi."

"Me ya sa ka ɓoye?"

"Don kar a ce ni ne. Kuma..." ya sunkuyar da kai, "ina so in je gidan surukaina da yamma su gani kafin ya tafi."

Sunkuye ya juyo wajen ƙafafuna. "Iya, ke kuma buɗe bakin."

Na buɗe, ya zan yi? Haƙorina na gaba da ya faɗi tun tuni yana nan zaune fari tas, kamar baƙo a cikin 'yan gida. Mai Aski ya nuna ni da aska.

"Ka gani! Ita ce! Kuma ita ta share sawu!"

"Kai, rufa min baki da gashin aro. Ni ma kwance nake a tabarma, abin ya bi ta kaina. Da ni na ɗauka, ai da ba haƙori ɗaya zan tsaya a kai ba, da ka gan ni da ƙugu."

Daga nan Sunkuye ya koma kan Maginiya. Ya tambaye ta ko tulun yana da tsaga, ko ta fasa ne ta ɓoye gutsattsarin. Ta ce ya je ya tambayi duk wanda ya taɓa ajiya a wurinta. Ya tambaye ta me ya sa ba ta kulle ɗakin. Ta ce da tsakar rana tana bayan gida wajen gasa tuluna, kuma tunda take ba ta taɓa kullewa ba. Ya duba tafin ƙafarta, ya ga ya fi sawun girma nesa ba kusa ba. Ta ce in ya gama ya faɗa mata ko za ta yi arziki.

Har Tela bai tsira ba. Sunkuye ya same shi a shagonsa zaune gaban keken ɗinki, ba ya ɗinki. 'Yarsa tana kan ɗan benci a bakin ƙofa, ta tara kayan mutane a cinya har sun zubo sun rufe ƙasa, tana sa maɓalli. Yarinya ce mai shiru, ta isa aure tuni, ita ke yi masa duk aikin hannu. Tun da aka fara rigimar nan ba ta tashi ba, ta ce kanta ke ciwo. Na ce Allah sarki, abin ya taɓa ta.

"Wace safiya ce a tulun?" in ji Sunkuye.

"Ba ruwanka."

"Da ruwana. In ban san safiyar ba, ban san sawun ba."

"Kai ƙasa aka kira ka karanta, ba ni ba."

Sunkuye ya fito ya zauna a bakin rijiya, ya riƙe kai. Na ga mutumin nan ya ruɗe har ya fara magana da takalminsa. Sai tausayi ya kama ni, na matsa da tsintsiyata.

*

"Ɗana, kar ka damu, ni ma ban gane komai ba. Amma gashin Mai Aski ya ba ni dariya. Ka ga ɗan filin nan na tsakiya? Ai na san ranar da na fara ganinsa. Matar Tela ce ta haihu, muka taru a ɗakin kusurwa muna ganin jaririya, ya sunkuya zai ɗauke ta, na ce masa kai, wata ya fito a kanka. Bai yi min magana ba har aka yaye yarinyar."

"Ɗakin kusurwa?"

"Na gawayi mana. Nan suke da zama a da. Bayan ta rasu ya ce ba zai iya kwana a ciki ba."

"Kafin haihuwar, babu filin?"

"Ko alama. Gashi gare shi kamar tunkiya, yana tafe yana juya kai."

"Haƙorinki fa, yaushe ya faɗi?"

"Bayan rasuwar da kaɗan. Ƙashi na ciza, kuma ƙashin ma ba nawa ba ne, na maƙwabciya ne da ta..."

"Iya." A karon farko ya ɗago kai. Ashe idonsa ƙanana ne, masu kyau. "Na ji kuna cewa safiyar farkon aure ce."

"Haka muka ce."

"Wa ya faɗa muku?"

Na yi tunani. "Ina jin ni ce."

Ya miƙe ya ce a tara kowa a shagon Tela, yanzu. Ni dai har a lokacin ban ga inda gashin Mai Aski ya haɗu da ɓarawo ba.

*

Shagon ƙarami ne. Maginiya ta tsaya jikin bango, Mai Aski ya tsaya gaban madubin gwada kaya yana satar kallon kansa, Tela yana kan kujerarsa. Sunkuye ya sa aka shigo da bencin 'Yar Tela da ita a kai, don ta ce jiri take ji. Ni na rufe ƙofa, daga ciki.

"Turirin ya mai da kan Mai Aski yadda yake bayan haihuwar yarinyar nan," in ji Sunkuye. "Ya mai da bakin Iya yadda yake kafin rasuwar uwarta. Safiyar tana tsakanin nan. Ni nake ta neman yaro a gidan da babu yaro. Ban tambayi wa yake yaro a wancan lokacin ba."

Mai Aski ya ce, "Ni dai ba yaro ba ne."

"Wanda ya ɗauki tulun yana tafe turiri na zuba a ƙafarsa. Ƙafar ta koma yadda take a safiyar nan. Da ta kasa ɗaukar jikin, sai aka koma rarrafe." Ya juya wajen benci. "Ƙanwata, ɗan miƙe."

Ba ta motsa ba. Can sai ta ɗage kayan da ke cinyarta a hankali. Tulun yana nan manne da cikinta, ta zagaye shi da hannu ɗaya, kaki ya ɓata mata riga. A ƙasa kuma, ƙarƙashin zanenta, wasu 'yan ƙafafu ne guda biyu, ɓul-ɓul, ba su ma kai ƙasa ba, suna lilo.

Maginiya ta yi salati. Mai Aski ya zauna a kan kayan mutane.

"Ke?" in ji Tela. "Ke?"

"Ni ce, Baba."

"A gidan nan kika tashi!" Maginiya ta yi kanta. "Sau nawa kika ga ina ɗaukar tulu? Ina kwando? Ina jiƙaƙƙen tsumma? Rungume shi kika yi?"

"Na sani, Gwaggo. Na ɗauko kwandon ma. Amma uwata ce a ciki. Yaya zan riƙe ta can nesa kamar kifi?"

Ta juya wajen ubanta, hawaye na zuba, muryarta kuwa ba ta rawa. Ta ce tun tana ƙarama take roƙonsa, kullum sai ya ce ba yau ba. Ta ce ba ta san muryar uwarta ba, ba ta san ko doguwa ce ko gajera ba sai abin da Iya ta faɗa mata, kuma Iya kullum canzawa take. Ta ce so ta yi ta kai shi tsohon ɗakinsu ta ɗan shaƙa kaɗan ta mayar, amma kafin ta ɓalle kakin sai ƙafafunta suka ƙi ɗaukarta, tsoro ya kama ta.

"Ko shaƙa ɗaya ban yi ba, Baba. Duk a ƙasa ya zube."

Maginiya ta karɓi tulun da gefen zane, ta girgiza shi kusa da kunnenta. Fuskarta ta faɗa mana kafin bakinta.

"Saura numfashi ɗaya, na mutum ɗaya. Kuma tulu ya ɗau ɗumi, ba ya sake riƙe kaki. In ba a shaƙa yanzu ba, ƙasa za ta shanye."

Ta miƙa wa Tela. Ya karɓa da hannu biyu. Ni kuwa ina jin sabon haƙorina yana motsi.

"Kun ce farkon aure," ya ce, yana kallon tulun. "Ba shi ba ne. Ina ɗinki ne, aiki ya yi min yawa. Tana ta kirana daga bayana, wai in duba, yarinya ta miƙe. Na ce mata ina zuwa, bari in kai ƙarshen layin nan. Kafin in juyo yarinya ta zauna. Ta yi fushi, sai na ce kar ta damu, zan sa a ɗebe safiyar, mu zauna wata rana mu kalla tare." Ya shafa bakin tulun. "Wata bai zagayo ba ta kwanta."

Ya ɗaga tulun har kusa da hancinsa. Ya daɗe a haka, har Mai Aski ya fara cewa "turirin fa", Maginiya ta take masa ƙafa. Sai Tela ya tashi, ya dangwara tulun a hannun 'yarsa kamar mai ba da abin da ya ƙi, ya koma kujerarsa ya juya mana baya, ya sunkuya kan keken ɗinki.

"Shaƙa. Kin riga kin ɓarar da sauran."

Ta ɓalle kakin ta sa fuskarta. Mu ba mu ga komai ba, sai fuskarta da ta buɗe kamar an kunna fitila a ciki. Ta yi wata 'yar dariya da ban taɓa jin ta yi ba.

"Gajera ce," ta ce. "Iya, ƙarya kika yi min. Baba, ta durƙusa, ta buɗe min hannu. Tana cewa taho, taho." Ta ɗan karkata kai. "Yanzu kai take kira. Cewa take ka bar ɗinkin nan ka ɗago kai, don Allah, ka ɗago ka gani."

Ban san ko ta san abin da take yi ba. Ta zamo daga benci, 'yan ƙafafun nan suka taɓa ƙasa, ta miƙe tana tangaɗi, hannu a buɗe. Ta ɗaga ɗaya ta ajiye, ta karkata, ta ɗaga ɗayar.

Tela ya juyo.

Ya kalle ta har ta ƙaraso ta kama hannun kujerarsa. Bai ƙifta ido ba. Tulun ya gangara ƙasa, fanko, ya tsaya a ƙafar Sunkuye, wanda ya riga ya mai da kansa ƙasa.

Na ce bari in ce wani abu, don shiru ba ya yi min kyau. "To, ai ka ga..."

"Iya," in ji Tela, "matsa min daga ƙofa."

Na matsa. Ya zaunar da 'yarsa a kan kujerarsa, ya dafa kanta sau ɗaya, ya fita hannun riga a kan ido. Ya ja ƙofar ya buga ta da ƙarfin da ya sa madubi ya girgiza, haƙorina ya faɗo a tafin hannuna.